Jawabi A Kan Taswirar Duniya Da Hannun Da Ya Zana Ta

Bismillahir Rahmanir Rahim. Godiya ta tabbata ga Allah Maɗaukakin Sarki, tsira da aminci su tabbata ga Annabi Muhammadu da alayensa da sahabbansa.

Bayan haka, wannan jawabi ne da aka karanta a gaban malamai da almajirai a Gwangwan ta ƙasar Rogo, aka kuma rubuta shi domin wanda bai halarta ba. Shekarun da ke ciki lissafin Miladiyya ne, sai inda aka ambaci Hijira.

Ya ku malamai, Allah ya gafarta muku, ya ku almajirai, Allah ya ba ku ilmi mai amfani. Maganarmu a yau a kan taswira ce, watau surar ƙasa da ake zanawa a takarda, a nuna teku da tudu da koguna da garuruwa. Da yawa daga cikinmu in an buɗe mana taswira sai mu karɓe ta yadda ta zo, muna zaton ƙasa ce da kanta aka ƙanƙanta aka kawo mana. To, ku sani taswira ruwaya ce. Tana da mai ruwaitowa, tana da wanda aka yi ta dominsa, tana kuma da bukatar da ta sa aka yi ta. Ku kuwa kun fi kowa sanin hukuncin ruwaya, ba a gina hukunci a kanta sai an binciki isnadinta, an san wane ne ya faɗa, daga wa ya ji, mene ne halinsa. Abin da muke roƙo shi ne ku yi wa taswira irin wannan bincike, zama an sha raba ƙasashe da ita, har ƙasar nan da muke zaune a kai.

Fasali na farko, a kan abin da ya sa babu taswirar da ba ta da ragi

Duniya dunƙulalliya ce, takarda kuwa shimfiɗaɗɗiya. Ɗauki ƙwarya ka kifa ta a ƙasa, ka ce sai ta kwanta kamar tabarma, ba za ta kwanta ba sai ta fashe. Haka mai zana taswirar duniya yake, tilas ya tsaga wani wuri, ko ya ja wani wuri ya miƙe fiye da ƙimarsa, kamar yadda majemi ke jan fata da turaku. Sa'an nan takarda ba ta ɗaukar kome da kome, tilas ya zaɓi abin da zai sa da abin da zai bari. Shi zai zaɓi garin da zai zauna a tsakiya, shi zai zaɓi jihar da za ta zama sama, shi zai zaɓi sunan da za a kira kowane wuri da shi. Wannan zaɓi ba laifi ba ne a kan kansa, amma ta ƙofarsa son zuciya ke shiga, da nufin sarkin da ya biya ladan aikin.

Fasali na biyu, a kan wanda ke zama a tsakiya

Mafi tsufan taswirar duniya da ta rage a hannun mutane wani guntun yumɓu ne daga ƙasar Iraƙi, ya haura shekara 2,500, yana ajiye a gidan tarihi na Landan. Mutanen Babila suka zana shi, suka kewaye duniya da ruwan gishiri, suka sa birninsu kusa da cibiya da kogin Furatu yana ratsa shi. Malaman Nasara na Ingila suka zana tasu wajen shekara ta 1300, tana nan a majami'ar garin Hereford, suka sa Baitul Muƙaddas a tsakiya, gabas a sama. Mutanen Sin kuwa sunan ƙasarsu ma a harshensu ma'anarsa ƙasar tsakiya, har wani limamin Nasara, Matteo Ricci, da ya zana musu taswirar duniya a 1602, sai da ya matso da Sin wajen tsakiyar takarda.

Magabatanmu ma suna cikin wannan. Halifa Ma'amun, wanda ya yi mulki daga 813 zuwa 833, ya aiki masana taurari zuwa filin Sinjar su auna tsawon daraja ɗaya ta ƙasa, aka kuma zana masa taswirar duniya wadda ta gyara waɗansu kurakuran Baɗlaimusa na Iskandariya. Ilmi ne na gaske, amma daula mai faɗi tana bukatar sanin hanyoyinta da harajinta, shi ya sa Ibnu Khurradazbih, mai littafin hanyoyi da dauloli, ya kasance shugaban masu kai wasiƙu da labarai ne na halifa. Sai kuma Sharif Idrisi, haifaffen Sabta a Magrib, wanda ya gama littafinsa Nuzhatul Mushtaƙ a shekara ta 548 ta Hijira, daidai da 1154. Ya raba duniya iƙlimi bakwai, kowane iƙlimi yanki goma, taswira 70 ke nan, ya sa kudu a sama, arewa a ƙasa. Wanda ya duba ta zai ga Afirka a bisa, ƙasar Turawa tana reto a ƙarƙashi. Saboda haka sa arewa a sama al'ada ce kawai ta waɗanda suka yi rinjaye daga baya. Amma ku tambaya, wa ya sa Idrisi wannan aiki? Rujar ne, sarkin Nasara na tsibirin Siƙilliya, wanda a lokacin nan jiragensa ke kama garuruwan Musulmi na bakin tekun Afirka, har Tarabulus. Malami ya zuba ilminsa, sarki kuwa yana da tasa bukata.

Fasali na uku, a kan zinariya da teku

A 1324 Mansa Musa, sarkin Mali, ya bi ta Masar zuwa hajji, ya rabar da zinariya har darajarta ta faɗi a Alƙahira. Labari ya haye teku. A 1375 aka zana wata taswira a tsibirin Mayorka, wadda ta shiga taskar sarkin Faransa, a cikinta ga Mansa Musa zaune bisa karaga da dunƙulen zinariya a hannu, ga Tambutu kusa da shi, ga mai raƙumi ya nufo shi. Duk wanda ya dube ta ya san abin da take kira a zo a nema. Shekara 40 bayan haka, a 1415, mutanen Fotugal suka kama Sabta, inda ayarin zinariya ke sauka, suka shiga bin gaɓar teku kudu kudu, har suka gina ganuwarsu a Elmina, ƙasar Gana ta yau, a 1482.

Da gasa ta yi zafi tsakanin Fotugal da Sifen, sai suka zauna a garin Tordesillas a 1494, suka ja layi ɗaya daga arewa zuwa kudu a tsakiyar tekun Atlantika, suka ce abin da ke gabas na Fotugal, abin da ke yamma na Sifen. Yawancin ƙasashen da suka raba ba su taɓa ganinsu ba. Wannan layi ne asalin da ya sa mutanen Barazil ke magana da harshen Fotugal har yau, maƙwabtansu kuwa da na Sifen. A zamanin nan taswira asirin sarki ce, ana ɓoye ta kamar makami, har wani sarkin Italiya ya aika ɗan leƙen asiri Lisbon ya sayo masa kwafe a ɓoye a 1502.

A 1569 Mercator ya fito da taswirar da ta cika makarantun duniya daga baya. A yi masa adalci, don matuƙan jirgin ruwa ya yi ta, domin wanda ya kama jiha ɗaya da allurar kamfas ya ga hanyarsa miƙaƙƙiya a takarda, kuma ta yi wannan aiki sarai. Amma kafin ya sami haka sai da ya ja ƙasashen da ke nesa da tsakiyar duniya suka kumbura. A cikinta tsibirin Girinlan yana kama da tsaran Afirka, alhali Afirka, mai faɗin murabba'in kilomita miliyan 30, ta ninka shi wajen sau 14. Nijeriya ta kusa ninka Birtaniya sau huɗu, amma a takardar nan sai ka ce wa da ƙane. Laifin yana ga waɗanda suka ɗauke ta daga jirgi suka rataye a ɗakin karatu, suka shafe mallakar Ingilishi da ja, yaro ya tashi yana ganin masu mulkinsa manya, ƙasarsa ƙarama. Shi ya sa a 2025 Tarayyar Afirka ta goyi bayan masu kiran a koma ga taswirar da ke ba kowace ƙasa girmanta.

Fasali na huɗu, a kan taswirar Sarkin Musulmi Muhammadu Bello

Yanzu mu zo gida. Tun 1550 Turawa suka san sunan Kano da Katsina da Zazzau da Zamfara da Gobir, daga littafin Hasan al-Wazzan, mutumin Fas, wanda aka buga a Italiya. Suka jera sunayen nan a taswirorinsu bisa kintace. Abin da ya fi damunsu shi ne kogin Kwara, ina ya nufa, ina ya faɗa. Waɗansu suka ce yamma yake gudu, waɗansu suka ce ya ƙafe a cikin rairayi, waɗansu suka ce shi ne Nilu na Masar. A 1798 wani masanin Ingila, James Rennell, ya zana jerin duwatsu daga yamma zuwa gabas, ya kira su duwatsun Kong, ya ce su suka tare kogin daga zuwa kudu. Duwatsun nan babu su, amma masu taswira suka yi ta kwafa daga juna kusan shekara 90. Kun ga yadda ruwaya mai rauni ke yaɗuwa in ba a binciki asalinta ba. Ba kuwa don son sani kaɗai suke neman bakin kogin ba, sun san wanda ya same shi ya sami ƙofar shigo da jirgi da haja har tsakiyar ƙasar Sudan.

A watan Janairu na 1824 Kyaftin Clapperton, wanda ya kira kansa Abdullahi, ya iso Kano ta hanyar Tarabulus da Barno, a watan Maris ya isa Sakkwato, Waziri Giɗaɗo ya sauke shi. Ya tarar da sarki malami. Da ya nuna wa Muhammadu Bello surar sararin sama, sai sarki ya shiga ambaton buruji da taurari da sunayensu na Larabci. Shekara 12 kafin wannan, a 1227 ta Hijira, Bello ya rubuta Infaƙul Maisuri, ya kuma buɗe shi da bayanin ƙasashen Takruru ɗaya bayan ɗaya. Yana kuma sane da labarin duniya, ya yi wa baƙon maganar yaƙin Ingilishi da mutanen Aljazair, da yadda suka mallake ƙasar Hindu.

Clapperton ya rubuta cewa da farko sarki ya zana masa kogin a kan rairayi, ya nuna masa yana gangarawa kudu har ya faɗa teku. Amma da ya nemi izinin zuwa Yawuri da Nufe ya gani da idonsa, sai aka ce masa hanya ba lafiya, bai tafi ba. Da zai koma aka ba shi taswira a takarda da rubutun Larabci, wadda aka buga a Landan a 1826. A cikinta an nuna Sakkwato da hanyoyin da ke fita daga gare ta, Kwara kuwa an karkata ta gabas, an rubuta cewa ita ce ke kaiwa Masar. Masana sun kasu biyu a kan wannan. Waɗansu suka ce mai zanen ya bi abin da ke cikin littattafan magabata ne, zama Ibnu Baɗuɗa ma da ya ga kogin a ƙasar Mali Nilu ya kira shi. Waɗansu suka ce da gangan ne, sarkin da ya san abin da ya sami Hindu ba zai miƙa wa baƙo mabuɗin gidansa a rubuce ba. Ko wanne aka ɗauka, abu ɗaya ya tabbata, a Sakkwato an san taswira abin aunawa ce kafin a bayar.

Abin da ya biyo baya ya nuna girman al'amarin. Clapperton ya komo, ya rasu kusa da Sakkwato a 1827. A 1830 baransa Richard Lander da ƙanensa suka shiga kwalekwale daga wajen Busa suka bi ruwa har teku. Shekara biyu kacal bayan haka jiragen hayaƙi biyu suka shigo kogin daga Ingila, ɗaya sunansa Kwara, ɗaya Albarka, da harshenmu suka raɗa masa suna. A 1851 Barth, wanda aka sani da Abdulkarimu, ya zo Kano, ya yi ta tambayar fatake da alhazai zango nawa ne daga wuri kaza zuwa wuri kaza, ina rijiya, ina ganuwa, yana rubutawa. Ilmin da ke kan mutanenmu, wanda suke bi da shi Gwanja da Agadas da Makka, shi aka tattara aka mayar taswira a Jamus da Ingila. Mu muka ba da ruwaya, waɗansu suka rubuta littafin.

Fasali na biyar, a kan yadda aka ja iyakar arewa

Daga Nuwamba 1884 zuwa Fabrairu 1885 daulolin Turawa suka yi taro a Balin a kan Afirka, ba a kira sarki ko ɗaya daga cikinta ba. A can suka ajiye ƙa'idar yadda za su kama ƙasa ba tare da sun yaƙi juna ba, rabon kansa kuwa aka yi shi daga baya, biyu biyu. Namu ya faro a watan Agusta na 1890, Ingila da Faransa suka ja layi daga garin Say a bakin Kwara zuwa Baruwa a bakin tafkin Cadi, arewa ta Faransa, kudu ta kamfanin Ingilishi na Kwara, da sharaɗin duk abin da ke na daular Sakkwato ya faɗa wa kamfani. Hujjar kamfani wata takarda ce da wakilinsa ya ce Sarkin Musulmi ya sa wa hannu a 1885. Ku duba, girman daular Usmaniyya da kansa aka yi hujja da shi wajen cinye ta. Wazirin Ingila na lokacin, Salisbury, ya faɗa a bainar jama'a cikin raha cewa suna ta ba juna duwatsu da koguna a takarda ba su san inda suke ba.

A 1898 suka sake zama a Faris. A nan suka yi abin da mai akuya ke yi, suka kafa turke a Sakkwato, suka ɗaura igiya mai tsawon mil 100, suka zaga da ita ta arewa, suka ce abin da ke cikin da'ira na Ingilishi. Bisa wannan takarda Birnin Ƙonni da Maraɗi suna wajen Ingilishi. Amma da Faransawa suka zo bin rabonsu daga Kwara zuwa Damagaram, sai suka tarar babu ruwa a hanyar, rijiyoyi duka suna cikin da'ira. Tun a 1899 ma rundunarsu ta ƙetare layin ta ƙone Birnin Ƙonni. Suka yi ta ƙorafi har 1904, sa'ad da daulolin biyu suka shirya rigingimunsu na duniya gaba ɗaya. Faransa ta saki wani tsohon haƙƙinta na kamun kifi a gaɓar Newfoundland, can wajen Kanada, Ingila ta saka mata da waɗansu wurare, a cikinsu har da matso da iyakar nan kudu. Ƙonni da Maraɗi suka koma hannun Faransa. Watau kifin wani teku da ba mu taɓa jin sunansa ba ya shiga cikin dalilin da ya sa ɗan Maraɗi ya koyi Faransanci, ɗan'uwansa na Jibiya ya koyi Ingilishi. Aka ƙarasa yarjejeniya a 1906, Manjo O'Shee da Kyaftin Tilho suka bi ƙasa suna kafa alamomi 148, aka tabbatar a 1910.

A nan akwai abin lura, kada mu ɗora wa baƙo kome mu wanke kanmu. Masu kafa alamomin nan sun yi ta tambayar mutanen wuri, wane gari ke bin wane sarki, suka tarar da tsohuwar gaba tsakanin Katsina da Maraɗi, da tsakanin Sakkwato da Gobirawan Tsibiri, da dazuzzukan da yaƙi ya bari babu kowa. A wurare da yawa ta cikin wannan tsaga suka bi da layinsu. Sai bango ya tsage ƙadangare ke samun wurin shiga. Ku kuma lura da jerin shekarun, an raba ƙasar a takarda a 1890, Kano kuwa ba a ci ta ba sai 3 ga Fabrairu 1903, Sakkwato 15 ga Maris. Alƙalami ya riga bindiga da shekara 13.

Kada wani ya ce wannan tsohon zance ne. A 1964 shugabannin Afirka suka yarda a Alƙahira a bar iyakoki yadda aka gada. A 2002 Kotun Duniya ta yanke shari'ar Nijeriya da Kamaru, ta dogara ga takardun da Turawa suka rubuta tsakaninsu, Darak da ƙauyukanta na tafkin Cadi, inda masuntanmu suka daɗe da zama, suka koma Kamaru. Zama a wuri bai rinjayi takarda ba.

Fasali na shida, a kan ƙasarmu ta Karaye da Rogo

Kakanninmu sun san iyaka. Karaye ta daɗe tana tsaron yammacin Kano tun zamanin yaƙoƙin Kano da Katsina, mu kuma a Rogo muna zaune inda ƙasar Kano ta haɗu da ta Katsina da ta Zazzau. Amma sarauta a da mutane take ƙirgawa. Hakimi yana zaune a birni, garuruwansa a warwatse, wannan a gabas, wancan a yamma, jakada ke kai da kawowa. Irin wannan mulki ba ya shafuwa da launi ɗaya a takarda, saboda haka wajen 1907 da 1908 Turawa suka harhaɗa garuruwa suka yi gunduma gunduma, suka fitar da hakimai daga birni kowa ya zauna a tasa. Daga nan aka fito da awon taki, malaman taki suna bin gonaki suna aunawa da ƙafa, ana yanka haraji bisa abin da suka rubuta. A 1910 doka ta sa ƙasar Arewa duka a ƙarƙashin ikon Gwamna. Taswirar da ta faro daga teku ta iso har kunyar gona.

Bayan Turawa ma alƙalamin bai huta ba. A 1967 aka yi jihar Kano, a 1987 aka cire Katsina daga Kaduna, a 1991 aka cire Jigawa daga Kano. Dokar ƙasa ta 1978 ta danƙa ƙasar kowace jiha amana a hannun gwamnanta. A 1992 aka gama madatsar ruwa ta Challawa a ƙasar Karaye, kuma tun kafin ruwa ya taru an riga an zana a takarda inda zai kai da gonakin da zai ci. A 2019 aka kafa sababbin masarautu huɗu har da Karaye, a watan Mayu na 2024 aka soke dokar, a watan Yuli aka mayar da Karaye masarauta mai daraja ta biyu, ƙasarta Karaye da Rogo. Ba shari'ar wannan muka zo yi ba. Abin nufi, mutumin Gwangwan yana kwance a ɗakin da ubansa ya gina, gonarsa ba ta gusa ba, amma sau nawa aka sake launin da aka shafa masa a takarda?

Khatima, a kan abin da ya kamace mu

Na farko, duk taswirar da ta zo hannunku, ta bango ce ko ta cikin wayar hannu, ku tambayi wanda ya zana ta, da shekarar da aka zana, da wanda ya biya, sa'an nan ku duba abin da ta bari. In kun ga an bar wuri fari, ku tuna sau da yawa akwai rugar Fulani a wurin, ko maƙabarta, ko gonar marayu, wurin da aka nuna babu kowa kuwa shi ya fi sauƙin bayarwa.

Na biyu, a koyar da labarin ƙasa da hisabi da awo a makarantunmu tare da sauran fannoni. Wannan ba baƙon ilmi ba ne a gare mu, da shi ake tsai da alƙibla, da shi ake sanin lokaci, da shi ake raba gado in gona ce aka bari. Malamin da ya iya fitar da sudusi da sumuni a allo, amma bai iya auna su a ƙasa ba, rabin aikin ya yi. Wanda ya sami hali ya sayo wa makaranta dunƙulalliyar taswira, irin mai juyawa, yara su ga girman kowace ƙasa yadda yake.

Na uku, mu zana tamu. Almajirai manya su zauna da dattawa tun suna raye, su rubuta sunan kowace unguwa da rafi da fadama, da burtalin shanu daga inda ya shigo zuwa inda ya fita, da mashaya, da filin idi, da maƙabarta, da gonakin wakafi. A rubuta da ajami da boko, a sa shekara, shaidu su sa hannu, a ajiye kwafe wurin liman da wurin dagaci. Iyakar da ke tsaye bisa kuka ɗaya da layin gamba da tunanin tsoho ɗaya, ranar da kukar ta faɗi, tsohon ya rasu, ta zama abin husuma tsakanin 'yan'uwa, ko tsakanin manomi da makiyayi. Wanda kuma ya sami ikon yin takardar gonarsa a hukumance, kada ya yi sakaci.

Na huɗu, wanda Allah ya ba wannan ilmi a cikinku ya ji tsoron Allah a cikinsa. Mun ga abin da layi ɗaya ya yi wa Ƙonni da Maraɗi. Mai matsar da iyakar maƙwabcinsa taki ɗaya a takarda, don an ba shi wani abu, aikinsu ɗaya da masu turke da igiya, ƙanƙantar gonar ba ta canza sunan aikin.

Allah ya ba mu ilmi mai amfani da aiki da shi, ya zaunar da ƙasarmu lafiya, ya jiƙan magabatanmu. Wanda wannan takarda ta isa gare shi ya karanta wa wanda bai iya ba. Tammat bi hamdillahi. Wassalamu alaikum wa rahmatullah.